Yawon keke da jagora a Kyoto: ranar da Yaya ya kaɗa wa tsohuwa ƙararrawa

Ni ba yawon buɗe ido ne ya kawo ni Japan ba, karatu nake a Osaka, kuma daga Osaka zuwa Kyoto rabin awa ne a jirgin ƙasa mai ɗan gudu, ba sai ka hau Shinkansen, jirginsu mai gudun tsiya, ba. Sau biyu na zaga Kyoto a kan keke cikin 2024, na farko ni kaɗai, na biyu da jagora, kuma abin da na gani tsakanin biyun ne yasa na zauna rubuta wannan.

Na farkon a watan Afrilu ne, furen bishiyar sakura da ake tururuwar kallo ya buɗe, gari ba masaka tsinke. Na shiga wani shago kusa da tasha na ɗau keken haya na wuni, irin mai kwando a gaba ɗin nan da suke ce wa mamacari, wato keken cefanen iyaye mata, kuɗinsa yen 1,000 da ɗan wani abu. Mai shagon ya miƙo min taswira mai jajayen layuka yana ta bayani ni kuwa kai kawai nake gyaɗawa, a raina nace mu da muka koyi keke tun muna firamare da kuɗin tara a wajen mai haya na bakin layinmu, wa zai zo ya koya mana keke. Da azahar na jingine shi a gefen titi wajen Shijo na kulle, na shiga kasuwar Nishiki ina kallon kifi da kayan tsami. Ina fitowa wayam, ba keke, sai wata takarda manne a ƙasa mai ɗauke da kwanan wata da wurin da aka kai kekunan da aka kwashe. Sai da na ci rabin yammacin ina neman wurin, na biya sama da yen 3,000 sannan aka ban kayan mutane. Laifina ne ɗari bisa ɗari don alamar hani tana nan ƙiri-ƙiri, ni ne ban kula ba. Wanda ya koyi keke da kuɗin tara ya ƙare da biyan tara, duk da dai su ba tara suke kiransa ba, wai kuɗin ɗauka da ajiya.

Sai a ƙarshen Nuwamba yayana ya zo wani taro Osaka daga gida, yana da rarar kwana ɗaya tal, yace lallai sai ya ga Kyoto. Nace Yaya, keke zamu hau amma wannan karon da mai gari a gabanmu.

Me ya kawo keke cikin maganar

Kafin in shiga labarin ya kamata a gane yadda garin yake. A 794 Sarki Kanmu ya dawo da fadarsa nan, aka yanka gari layi-layi a kan tsarin birnin Chang'an na ƙasar Sin, tituna daga kudu zuwa arewa, wasu su ratsa su daga gabas zuwa yamma, kamar ramukan dara. Nan fadar ta zauna sama da shekara 1,000 har 1869 da sarki ya koma Tokyo. A yaƙin duniya na biyu kuma garin bai sha irin ruwan bama-baman da Tokyo da Osaka suka sha ba, har sunansa ya shiga jerin garuruwan da za a jefa wa nukiliya a 1945 aka cire shi, shi yasa tsofaffin lunguna da gidajen katako suka rayu. Duwatsu sun kewaye shi gabas da arewa da yamma, tsakiyar kuwa shimfiɗe take sai ɗan hawa kaɗan-kaɗan in ka nufi arewa. Mutanen garin ko adireshi zasu baka basa cewa yi arewa ko yi kudu, agaru suke cewa wato hau, sagaru wato sauka.

Toh matsalar ita ce sufuri. Kyoto ce ta fara jirgin titi mai lantarki a duk Japan a 1895, amma a 1978 hukumar gari ta tsayar da nata, jirgin ƙarƙashin ƙasa kuwa layi 2 ne kacal, Karasuma da Tozai, kuma manyan wuraren da baƙi ke so irin su Kinkaku-ji da Kiyomizu-dera da Ginkaku-ji duk suna gindin duwatsu nesa da layukan. Kenan kowa bas. Gari mai mutum miliyan 1.4 da ɗoriya, ga baƙi, don a 2024 kaɗai kusan mutum miliyan 37 ne suka shigo Japan, yen ta faɗi har dala ɗaya ta kai yen 160 a tsakiyar shekarar, kuma da yawa daga cikin baƙin sai sun leƙa Kyoto. Sai ka ga tsohuwa zata asibiti bas biyu sun wuce ta cike da masu manyan akwatuna. Abin ya kai a Satumbar 2023 aka daina sayar da tikitin bas na wuni guda na yen 700 da baƙi suka fi so, a Yunin 2024 aka fito da bas na musamman na masu yawon buɗe ido. A irin wannan yanayin keke ba gayu bane, shi ne abin da ya fi sauri. Kuma sana'ar ba sabuwa bace, tun 2001 kamfanin Kyoto Cycling Tour Project yake zagawa da baƙi a keke, yanzu kuwa ƙanana sun yi yawa, musamman tunda aka sassauta doka a Janairun 2018 ta yadda wanda bashi da lasisin tafinta-jagora na ƙasa ma zai iya karɓar kuɗi ya yi rakiya. Mu wajen ɗaya daga cikin ƙananan muka je.

Minti ashirin kafin a taka feda

Mu 6 ne, ni da Yaya, mata da miji daga Jamus, sai wata mata da 'yarta daga Amurka. Jagorar mace ce 'yar gari, zata yi shekara hamsin, gaido-san kowa ke ce mata, wato malama jagora. Bata bar kowa ya hau ba sai da ta bi mu ɗaya bayan ɗaya ta daidaita sirdi, ta matsa taya, ta sa kowa ya kama birki a gabanta. A kekunan Japan birkin hannun dama na tayar gaba ne, a Amurka kuwa akasin haka, tace ta sha ganin wanda ya damƙe dama da ƙarfi a gangara ya tashi sama. Mu kuma namu ciwon daban, hannu. A Najeriya tun 1972 dama ake bi, a nan hagu, kuma keke a dokarsu abin hawa ne kamar mota ba abokin mai tafiya a ƙasa ba. Yaya yace shi da ya shekara ashirin yana tuƙi a Kano ai ba komai, kwanar farko da muka sha ya faɗa hannun dama.

Sannan ta karanto dokoki, kuma lokacin abin da zafinsa don ranar 1 ga Nuwambar 2024 gyaran dokar hanya ya fara aiki. Ka riƙe waya kana tuƙa keke, ɗaurin da zai iya kai wata 6 ko tarar yen 100,000. Ka sha barasa ka hau, har shekara 3 ko yen 500,000. Hular kwano tun Afrilun 2023 doka tace kowa ya yi ƙoƙari ya sa, ba tara in ka ƙi, amma ita tace a rukuninta ba zaɓi bane. Ba goyo, ba jerawa biyu-biyu ana hira, ba riƙe lema da hannu ɗaya, in duhu ya yi a kunna fitila. Inshora kuwa dole ce a Kyoto ga duk mai keke tun 2018, tana cikin kuɗin da muka biya. Tace hoto sai an tsaya an sa ƙafa a ƙasa. Ta yi maganar ƙararrawa ma, na ji da kunnena, amma lokacin Yaya yana fama da igiyar hularsa.

Daga nan muka miƙa, ita a gaba mu a baya kamar 'yan agwagwa. Tsayuwar farko Higashi Hongan-ji, katafaren ginin katako na mabiya Buddha da aka gama sake ginawa a 1895, ta nuna mana wata murɗaɗɗiyar igiya cikin gilashi da aka tufka da gashin mata masu ibada da suka yanke suka bayar don a ja gumagumai. Yaya ya daɗe a gabanta. Muka tsallaka kogin Kamo muka bi ta Miyagawa-cho unguwar geiko, wato mata masu sana'ar rawa da kiɗan gargajiya, nan ta sa kowa ya sauka ya tura, muka wuce ƙarƙashin jar ƙofar wurin bautar Heian mai tsayin mita 24, muka isa Nanzen-ji inda wata gadar jan bulo ta 1888 take ɗauke da ruwa daga tafkin Biwa ta tsakiyar harabar wurin bauta, kuma da wutar da aka samar daga ruwan nan ne jirgin titin 1895 ya yi tafiya. Abin da na lura shi ne duk inda muka je bata taɓa tsayawa tana waige-waigen inda za a ajiye keke ba, ta san wurin, ta san nawa ne, da 'yan sulallanta a wata ƙaramar jaka. Titunan da jan layi ya bi a taswirar da na raina a Afrilu, wani sashe na Shijo da Kawaramachi da aka hana hawa keke da rana, ko kusa dasu bamu je ba.

Abincin rana a Demachiyanagi muka ci, inda kogin Takano ya haɗu da Kamo, wurin da aka jera duwatsun tsallake masu siffar kunkuru. Tun da safe na gaya mata bama cin alade kuma muna kaffa-kaffa da mirin, wato giyar shinkafar da suke zubawa a miya, tace ta saba da baƙi daga Malesiya da Indonesiya, ita da kanta ta karanta mana bayan leda. Ta gargaɗe mu da shirwa, Bajamushen ya yi dariya, bai kai rabin burodinsa ba ta fauce shi daga hannunsa ta baya. Mun yi sallah a kan ciyawar bakin kogin, Yaya ya daidaita ya kalli gabas abinsa sai da na juyo shi, nace Yaya nan alƙibla yamma take da ɗan karkata arewa. A wurin bautar Shimogamo sauran suka wanke hannu suka tafa suka rusuna, mu muka tsaya gefe muna kallon bishiyoyi, ko kallon tambaya bata mana ba.

Ƙararrawar

Bayan mun ratsa filin tsohuwar fada, wanda duk tsakuwa ce sai wata siririyar hanya kamar ta tururuwa da tayoyin kekunan 'yan gari suka share da kansu, sai muka shiga Nishijin, unguwar masaƙa. Nan ne gidajen katako na gargajiya da suke ce wa maciya suke, fuska 'yar ƙarama ciki kuma dogo zungurere, har suna musu laƙabi da makwancin gwando, kifin nan mai kama da maciji. Jan bokitin ruwa a ƙofar gida saboda gobara, tukwanen fure, wani gidan kana jin masaƙa tana ƙwas-ƙwas daga ciki. Lungun da ta shigar damu bai fi faɗin mutum uku ba, duk wanda ya san lungunan cikin birnin Kano zai gane, har da yadda murya ke shiga gidan mutane ba sallama.

Wata tsohuwa ta fito daga gida tana tura 'yar kekenta ta cefane, ta shiga tsakanin Yaya da na gabansa. Shi kuma bawan Allah da kyakkyawar niyya ya danna ƙararrawa, ƙirrin ƙirrin, har sau biyu, don a wajenmu ai ladabi ne ka sanar da babba kana tafe kar ka firgita shi. Tsohuwar ta tsaya cak, ta juyo a hankali ta bi mu da kallo ɗaya bayan ɗaya, tayi murmushi ta faɗi wata magana a tausashe. Kafin ta rufe baki gaido-san ta dire daga keke ta dawo da sauri ta rusuna, ba irin ɗan sunkuyon gaisuwa ba, har sai da ta kusa ninkewa, ta jima a haka, ta sa duk muka sauka muka tura har ƙarshen lungun.

A bakin titi Yaya yace, kai me tsohuwar tace ne naga tana fara'a. Da 'yar Japancin da nake ji nace, cewa tayi kai baƙin nan akwai kuzari. Yace toh ai yabo ne. Gaido-san tayi dariyar da bata kai ciki ba tace a Kyoto in an ce maka kana da kuzari, ana nufin ka cika mana kunne. Mutanen garin sun yi suna da wannan a duk Japan, gugar zana ce tsantsa, ba zasu taɓa ce maka ka yi laifi ba sai dai su yabi agogonka don ka gane ka daɗe. Yaya ya rufe baki yace, ashe habaici ba a gidanmu ya ƙare ba. Ta kuma bayyana mana cewa a dokar hanya ƙararrawa ta kauce wa haɗari ce, ba ta korar mai tafiya a ƙasa ba, in mutum ya tare maka hanya sai ka rage gudu ko ka sauka.

Abin da ta faɗa daga baya shi ya fi tsaya min. Tace lunguna biyu ta riga ta cire daga hanyarta cikin shekara guda, ba don hukuma ta hana ba, sai don maƙwabta sun kai ƙorafi wajen ƙungiyar unguwa an aiko mata saƙo a hankali, ita kuma a garin take kwana, a garin zata tashi.

Abin da ake saya da kuɗin

Kuɗin yawo da jagora ya ninka na keken haya sau da yawa, kuma in ka tsaya a kan keke da tarihin da take zubowa sai ka ce tsada, don tarihin yana cikin wayarka. A nawa ganin abu uku muka saya. Wurin ajiye keke, hanyar da zata kauce wa cunkoso da haramtattun tituna, sai kuma na ukun wanda ya fi su, mutum mai fuska a gari da zai rusuna a madadinka. Da ni kaɗai ne na danna ƙararrawar nan, murmushin tsohuwar zan ɗauka in tafi ina jin daɗi, gobe in sake.

Amma fa akwai inda abin yake cin kansa, kuma ban ga yadda za a kauce ba. Ana tallan yawon keke a matsayin maganin cunkoso, wai yana rage wa bas nauyi yana kuma watsa baƙi daga wurare biyar-shida da kowa ke tururuwa, kuma gaskiya ne. Sai dai ina yake watsa su? Cikin lungunan da a da su ne maɓoyar 'yan gari. Gion, wata unguwar geikon, misali ce a fili, a Oktobar 2019 mazauna suka kafa allunan hana ɗaukar hoto a lungunansu masu zaman kansu da tarar yen 10,000 saboda yadda ake tare maiko, 'yan mata masu koyon sana'ar geiko, a hanya ana jan rigarsu, abin bai ishe su ba a 2024 suka fara hana baƙi shiga wasu lungunan kwata-kwata. Mai keke kuwa a awa ɗaya zai ratsa lungun da mai ƙafa ba zai kai ba a wuni. Mutum 6 a bayan mai gari ana iya haƙuri dasu, in suka zama 15, ko rukuni biyar suka bi lungu ɗaya a rana, toh allo zai hau bango. Ita kuma ribar tana cikin yawan kai, jagora ɗaya kuɗinsa ɗaya ne ko mutum nawa ya ja, ga shi kakar gajeriya ce, sakura a ƙarshen Maris zuwa farkon Afrilu, jan ganye a Nuwamba, tsakaninsu damina a Yuni sai zafin Yuli da Agusta da ke haura digiri 35 da gumi kamar an rufe ka a tukunya. Duk mai shago zai ji kwaɗayin ya cika rukuni a 'yan makonnin nan. Na tambaye ta ko zata ƙara, tace da mutum 8 ta taɓa gwadawa, na ƙarshe baya jin muryarta kuma danja tana raba su biyu.

Wani abin kuma da ban so ba, tunda nazari nake ba talla ba, bayanin safiya ya yi yawa a lokaci guda, dokoki sun fi goma ana zubo maka kana ɗaure hula. Da a bakin Nishijin ta tsaya ta maimaita maganar ƙararrawa da tura keke kamar yadda tayi a Miyagawa-cho, da abin bai faru ba. Na gaya mata, ta ciro ɗan littafi ta rubuta.

Dawowa sauƙi ce don gangara ce, tace ai a garin ana cewa ƙololuwar hasumiyar To-ji mai mita 55 a kudu daidai take da ƙasan titin Kitayama a arewa, shi yasa cinyoyinmu suka gaya mana da safe bamu san dalili ba. A ƙarshen Nuwamba kafin ƙarfe biyar rana ta faɗi, da fitila muka shigo shago, wajen kilomita 20 a ƙafafunmu. Yaya ya sa na koya masa sumimasen, wato yi haƙuri, ya faɗa mata har sau uku, yace in ta ga tsohuwar ta bata haƙuri. Sannan ya ciro waya yace ta faɗa masa sunan lungun nan na masaƙa, akwai abokinsa da zai zo da iyali a bazara yana so ya tura masa. Ta karɓi mukullan kekunanmu ta rataye, tayi murmushi tace ai wannan lungun bashi da suna.

Muka yi magariba a gurguje muka kama jirgin Osaka, a tsaye har muka sauka, Yaya riƙe da ƙarfe yana ta mita wai sirdin nan ba don mutane aka yi shi ba.